Gyaran Malam Jefa-Sama

Maigidana malamin fiziks ne, ko in ce ya taɓa zama, don yanzu ya yi ritaya ya dawo gida ya zame mini aiki. Ni tela ce. Keken ɗinkina yana ɗakin da ke kallon titi, kuma tun da aka kawo ni gidan nan ban taɓa ajiye almakashi na dawo na same shi inda na bar shi ba. Ko dai Malam ya tafi aji da shi, ko ya ɗaure shi da zarena a ƙofar kicin yana lilo da shi yana duban agogo. In na yi magana ya ce gwaji yake yi. Dogo ne siriri, mai sauri kamar ana jiransa a wani wuri, aljihun rigarsa kullum fari fat da garin alli. A rayuwata na wanke alli fiye da yadda na wanke kwanuka.

'Yan makaranta suna kiransa Malam Jefa-Sama. Su a zatonsu bai sani ba, alhali ya sani, har daɗin sunan yake ji. Asalin abin kuwa, duk sabon ajin da ya shiga ba ya doguwar gaisuwa. Sai ya zaro makullan gidanmu ya wurga su sama, su kusa taɓa silin, ya cafe, sannan ya tambayi yara me suka gani. Su ce sun ga makulli ya je sama ya dawo. Ya ce ba su ga komai ba, kallo kawai suka yi. Daga nan sai ya nuna musu cewa makullin ya bar hannunsa da gudu, amma yana tafiya gudun yana raguwa saboda ƙasa tana jan sa, har ya tsaya, ya juyo, gudun ya dinga ƙaruwa. Gudu daban, ƙaruwar gudu daban, kuma a wurinsa yaron da ya raba waɗannan biyun ya ci rabin fiziks. Akwai ranar da makullan suka maƙale a fankar aji, ni da yara muka yini a ƙofar gida muna jiran mai tsani.

Ba ya duka, ba ya zagi, amma yana da doka ɗaya da ta fi bulala ciwo: wanda ya ɓata, shi zai gyara da hannunsa. In yaro ya yi kuskure a allo, ba wanda zai goge masa. Zai tashi ya goge, ya rubuta daidai, ya juyo ya faɗa wa aji inda ya kauce. Kuma Malam ba ya yarda yaro ya kwana da kuskure a kansa. Na sha ganin ya ajiye cokali ana tsakiyar cin abincin rana, ya hau kekensa ya bi wani yaro har gidan iyayensa, wai ya tuna ya bar shi da wata alamar lissafi a juye. Iyaye su fito a tsorace, sun ɗauka ɗansu ya fasa wa wani kai.

Darasin da ya fi so ba ya cikin manhaja. Kyauta ce yake ba 'yan ajin ƙarshe a makonsu na barin makaranta, kuma da kayana ake yin ta. Yakan saci robar da nake sa wa ƙugun wando, ya ɗinka mata maɓallai a jere da wani irin ɗinki da ko makaho ba zai karɓa ba. A aji sai ya sa yara biyu su ja robar. Ya ce kowane maɓalli garken taurari ne guda, irin namu mai ɗauke da rana, robar kuma ita ce sararin da ke tsakaninsu. In aka ja, kowane maɓalli zai ga sauran suna nesanta da shi, na nesa sun fi na kusa saurin tafiya, alhali ba wanda ya motsa daga inda aka ɗinke shi. Sararin ne da kansa yake buɗewa. Sannan ya rufe da maganar da na haddace tun daga gwajin da yake yi mini a gida: sararin samaniya yana faɗaɗa, amma yana rage gudu, domin garkunan suna jan juna baya, kamar yadda ƙasa ke jan makulli. Haka tsohon littafinsa ya ce, haka malaminsa ya koya masa, haka shi ma ya koyar shekara da shekaru.

To, bayan ritayarsa da 'yan watanni, wata rana da la'asar ina kan keke ina haɗa rigar wata amarya, shi yana kishingiɗe da rediyo a ƙirji. Wani shirin kimiyya ake yi. Sai na ji ya ce in tsayar da keken. Na ce aikin mutane nake yi. Ya sake faɗa da wata murya da ban san shi da ita ba, sai na ɗage ƙafa. Wata mata ce ke bayani cewa masana sun auna hasken wasu taurari masu fashewa can nesa, suka tarar ya fi dusashewa a kan yadda lissafi ya nuna, wato sun fi nisa ke nan. Abin da hakan ya nuna shi ne faɗaɗar sararin ba raguwa take yi ba, ƙara gudu take yi.

Ya tashi zaune ya ce matar nan ta yi tuntuɓen harshe. Ya kira autarmu, wadda ke aiki a ɗakin gwajin jini, ya ce ta bincika masa. Washegari ta zo da takardu ta buga masa da manyan baƙaƙe saboda idonsa. Ya karanta da tabarau, ya cire ya goge, ya sake karantawa. Sannan ya tambaye ta yaushe aka gano wannan abin. Ita kuwa sarkin surutu, maimakon ta sassauta, sai ta ce, "Ai Baba, tun ina goye."

Ni da ita muka soma dariya, muka ga ba ya yi, muka haɗiye. Ya ce ke nan duk ajin da ya yaye tun Auta tana goye, ya sallame su da kuskure a kai, kuma a darasin da ya fi alfahari da shi. Na ce masa wa ya damu, ko sararin ya ruga ko ya rarrafa, farashin zare bai sauka ba. Ya dube ni kamar na zagi iyayensa.

"Na bi yara gida a kan alama ɗaya," in ji shi. "Yanzu ni na ɓata sama gaba ɗaya, sai in kwanta?"

Nan na sha jinin jikina. Na san mutumin nan ba shi da gida biyu, ba shi da mota, abin da ya tara a duniya shi ne yardarsa cewa duk abin da ya zuba a kan 'ya'yan mutane gaskiya ne. In wannan ya fashe, ban san me zai rage masa ba. Da safe ya sa rigarsa ta zuwa aiki, ya cusa roba da maɓallai a aljihu, ya ce zai fita gyara. Idonsa ba ya ganin babur sai ya zo gab da shi, kuma mutum ne mai tafiya yana kallon sama. Haka na rufe keke ina mita, na ɗauki mayafi na bi shi.

Na farkon da muka samu direban bas ne, wani ƙato mai furfura a gemu, wanda Malam har yanzu yake ce wa yaron nan. Da ya hango mu a tasha ya diro ya durƙusa, ya kori wanda ke gidan gaba ya sa Malam, ni kuma aka matsa mini a bayansu. Mota na tashi Malam ya zaro robarsa ya ce ya zo ne ya janye wata magana. Direba ya saurara da ladabi, yana ta "haka ne, Malam", amma ni da nake ganin fuskarsa a madubi na san ko kusa bai tuna an taɓa yin wannan darasi ba. Da aka zo kan ƙaruwar gudu dai sai ya farfaɗo. Ya ce wannan kam ya san ta, ya taka totur, duk muka manne da kujera. Ya ce gudu ba a jin sa a jiki, ƙaruwarsa ake ji a gadon baya, kuma Malam ne ya faɗa. Wata tsohuwa mai kwandon kayan miya ta ce a sauke ta in gwaji za a yi da ita.

Kafin mu kai kasuwa motar ta zama aji. Wani mai gyaran waya ya ce shi bai yarda ba sai ya gani. Tsohuwar nan kuma ta ce ita ta daɗe da sanin haka, domin tsakanin gidanta da kasuwa kullum ƙara nisa yake yi. Malam ya juyo da gaske yana yi mata bayani cewa a'a, abin da ke riƙe da juna ba ya buɗewa, ta duba, robar ce ke miƙewa, maɓallin yana nan yadda yake. Gidanta da kasuwa da duniyar nan duka a cikin maɓalli ɗaya suke. Ta ce to gwiwa ce ke nan. Har mai karɓar kuɗin mota sai da ya riƙe ciki.

Haka muka dinga yi. Kowane ɗalibi ya nuna mana inda wani yake. Muka je wurin wata ma'aikaciyar jinya, ta zaunar da shi ta ɗaura masa abin awon jini yana bayani tana cewa ya daina motsa hannu. Muka je wurin mai aski, da mai walda wanda ya kashe injinsa ya tara yaran shagonsa su ga malaminsa, da wata mai shagon magani da ta rungume ni tana kuka wai na tsufa. Ko'ina murna kamar an yi haihuwa. Ni kaina na soma jin daɗin yawon, don rabon da mu jera a titi ni da shi tun muna amarci. Amma na lura da abu ɗaya, shi ma ya lura. Kowa ya tuna makulli a fanka, kowa ya tuna ranar da Malam ya biyo shi gida, ba wanda ya tuna abin da aka ce game da sama. Sukan karɓi gyaran da hannu biyu kamar yadda ake karɓar kyautar rigar da ba za a sa ba.

Wata rana muka dawo da yamma, ya zauna a kujerar masu jiran ɗinki, ya ciro robar ya ajiye mini a kan keke.

"Karɓi kayanki," ya ce. "Na ɗauka kuskure na zuba musu. Ashe ban zuba komai ba."

Raina ya ɓaci, kuma tausayinsa ne ya ɓata shi. Na yi masa tas. Na ce direban nan da ke taka birki a hankali don kada tsofaffi su kife, wa ya koya masa? Mai waldan da ke sa yaransa su warware aikin da suka ɓata da hannunsu fa? Ya ce wannan tarbiyya ce, shi fiziks aka ɗauke shi ya koyar. Kwanakin da suka biyo baya ya daina taɓa mini almakashi, kuma wallahi sai na ji gidan ya yi mini faɗi. Na dinga ajiye shi a inda zai gani, ko kallo bai ishe shi ba.

Direban ne ya cece mu. Ya tsaya da bas cike da mutane a ƙofar shagona, ya leƙo ta taga ya ce ya tuna da wata 'yar ajinsu da suke kira 'Yar Gardama, wadda ba a gama magana ba ta ce ba ta yarda ba. Yanzu tana koyar da kimiyya a wata makaranta a ƙarshen layin da yake bi. Malam ya ce a bar shi haka nan, ya gaji da damun mutane. Na ce ni ban gaji ba, kuma na riga na goge masa riga.

Muka isa da hantsi. Mai gadi ya nuna mana ajin, can ƙarshen baranda, kusa da famfo. Lokacin ƙarshen zango ne, 'yan ajin ƙarshe sun kusa tafiya. Ba mu kai ƙofa ba Malam ya ja ya tsaya. Ta taga muka hango wata mata gajera mai tabarau, da yara biyu a gabanta suna jan roba. Maɓallan nata sun fi nasa kyan ɗinki nesa ba kusa ba. Tana cewa kowane maɓalli garken taurari ne. Ta ɗaga yatsa yadda yake ɗagawa, ta yi ɗan tarin nan nasa na kafin babbar magana, sannan ta ce sararin samaniya yana faɗaɗa, amma yana rage gudu, domin garkunan suna jan juna baya.

Malam ya damƙe mini wuyan hannu har sai da na ji zafi. Na juya in ga ko faɗuwa zai yi, sai na tarar bakinsa har kunne, idonsa ya cika da hawaye.

"Kin ji?" ya ce da raɗa. "Kuskurena ne. Kalma ɗaya ba ta yar ba."

Ban taɓa ganin mutum yana murna da ɓarnarsa irin haka ba. Na ce ya sake ni kafin ya karya mini hannun da nake ci da shi.

Ta gan mu ta fito da gudu, ta durƙusa a baranda tana gaishe shi, ta gaishe ni da Mama. Ta ce darasin ba ya cikin manhajarsu, ita ma kyauta take ba duk ajin da za ta yaye, kamar yadda aka ba ta, kuma shi ne ya sa ta zama malama. Malam ya bari ta gama, sannan ya gaya mata abin da ya kawo shi, bai rage komai ba. Na zaci za ta ji kunya. Sai ta tuntsire da dariya ta ce ai ita tun a wancan lokacin ta ce ba ta yarda ba. Ya ce ƙarya take yi, ita komai ma cewa take ba ta yarda ba. Ta ce to ko ma dai yaya ne, ita ta san doka. Ta miƙa masa allin da ke hannunta.

"Bismilla, Malam. Ni zan gyara nawa bayan ka gyara naka."

Ya shiga. Yara suka miƙe, ya ce su zauna. Ni na tsaya a bakin ƙofa. Ya goge layin da ta rubuta da tafin hannunsa, ya rubuta daidai, ya juyo ya faɗa musu cewa shi ne ya koya wa malamarsu wannan magana, kuma ya kauce. Ya ce a farkon zamani lallai faɗaɗar ta yi ta raguwa, lokacin garkunan suna kusa da juna, jansu yana da ƙarfi. Amma da suka yi nisa jan ya yi rauni, sai wani abu ya rinjaye shi, tun daga nan gudun yake ƙaruwa. Ya ce su ɗauka ka jefa dutse sama, ya soma rage gudu yadda aka saba, kana miƙa hannu ka cafe, sai ka ga ya ƙara mai ya wuce. Muryarsa ta dawo irin ta da, har da zagaya tebur. Rigar da na goge da safe ta riga ta yi fari a aljihu.

Wata yarinya a layin baya ta ɗaga hannu ta ce, to mene ne yake tura sararin?

Malam ya tsaya. Na san shi, na san yana da jawabi a kan komai, har a kan dalilin da ya sa shayina ke saurin hucewa. Sai na ji ya ce, "Ban sani ba."

Shekarun da na yi da mutumin nan ban taɓa jin kalmar nan ta fito daga bakinsa a gaban yara ba, kuma ga shi ya faɗe ta yana murmushi kamar an yi masa albishir. Ya ce ba shi kaɗai ba, duk duniya ba wanda ya sani tukuna. Masana sun dai raɗa wa abin suna, suna ce masa ƙarfi mai duhu, kuma duhun na jahilcinsu ne, ba na abin ba. Ya ce shi a zamaninsa an ba shi sama a rufe kamar an gama da ita, su kuwa sun yi sa'a, an bar musu aiki. Ya tambayi yarinyar me take zato. Ta faɗi wani abu, na kusa da ita ya ce bai yarda ba, hannuwa suka tashi ta ko'ina.

Daɗi ya kama ni har na rasa inda zan sa kaina, na dinga gyara mayafin da ba abin da ya same shi. Aka kaɗa ƙararrawa, ba yaron da ya motsa. Malamin lissafi ya iso da littattafansa a hammata, ya leƙa, ya dube ni, ya tambaya ko baƙon zai daɗe. Na ce masa gara ya nemi kujera. Ya je ya ɗauko biyu, ya ba ni ɗaya.